Yadda Inno Hafsatu Ta Mayar wa Kurmin Ɗinya Zabinsa

Kakata ta wajen uwa sunanta Hafsatu, amma a Gangaren Ɗinya, ƙauyenmu da ke ƙasar Roni, babba da yaro Inno suke ce mata. Gajeriya ce, mai sauri, ba ta iya zama hannu biyu babu aiki. A rayuwarta sau ɗaya ta je Kano, ta dawo tana cewa mutanen can ba sa amsa gaisuwa har ƙarshe. Iyayenta Fulani ne da suka zauna suka kama noma, shi ya sa in ranta ya ɓaci sai Hausa ta ƙare mata ta koma Fillanci. Abin da aka san ta da shi a garin kuwa, zabi ne. Yawancin abin da zan faɗa daga bakin mahaifiyata Rahamatu na ji shi, sauran kuma daga Inno da kanta.

Yamma da garinmu, tsakanin duwatsu biyu, akwai wani ɗan kurmi da ake kira Kurmin Ɗinya. Ba shi da girma. Mai tafiya a ƙafa zai zagaye shi tsakanin azahar da la'asar. Amma a cunkushe yake da marke da kanya da tsamiya da ɗinya, ƙasansa kuma geza da sabara, ga wani tafki a tsakiya da kan kai har bazara da ruwa. Gab da samun 'yancin kai hukumar En'e ta keɓe shi ya zama gandun daji, aka kakkafa duwatsu a gefensa aka shafa musu farar ƙasa, aka ba kakana Na'Allah, mijin Inno, aikin gadinsa. Dokar ba ta da yawa: busasshen itace a ɗiba, ɗanye a bar shi, ba tarko, ba wuta.

Na'Allah mutum ne mai shiru. A gida sai ya wuni bai yi magana goma ba, amma in aka tambaye shi kurmi sai baki ya buɗe. Ya san ramin da yanyawa take, ya san tsamiyar da jan biri ke kwana, ya san gada biyu da ke saukowa tafki da sassafe. Makwarwa da hasbiya da cilakowa kuwa ba a maganarsu. Amma abin alfaharinsa zabin daji ne. Garke-garke suke, in suka tashi da kuka da asuba har cikin gari ana ji, mata kan ce zabin Na'Allah sun yi kiran sallah.

Maganar ƙwai ce doka ba ta faɗa ba, matan garin kuma suna da tasu dokar tun kaka da kakanni. Da damina zabuwar daji kan yi sheƙa a ƙasa, ƙarƙashin geza. Mace in ta gano sheƙar ba ta sa hannu, don an ce zabuwa in ta ji warin hannun mutum ta bar wurin ke nan. Da ludayi mai dogon mariƙi ake ɗiba, kuma abin da aka bari ya fi abin da aka ɗauka. Sai a kawo gida a sa wa kaza ta kwanta a kai. Ba wanda ke barin zabuwa ta raini 'ya'yanta, ko ta gida ce, domin kowa ya san halinta: tana ƙyanƙyashewa za ta ja su cikin raɓa tun da asuba, ba ta waiwaye, sanyi ya kashe na kashewa, shirwa ta ɗauke na ɗauka. Kaza ce uwa.

Inno ta fi kowa iya wannan aikin. Zabinta duk daga ƙwan kurmi suka fito, ba ta taɓa sayen na kasuwa ta haɗa ba. In ta fito da ludayi a cikin ƙwarya, Na'Allah yakan juya fuska gefe.

"Malam, ka ga wani abu ne?" in ji ta.

"Ni ludayi na gani. Wataƙila fura za ki dama wa birai."

Haka suka zauna shekaru, har shekarar da aka canza kuɗi zuwa naira, wadda ita ce shekarar babban fari a wajenmu. Gero ya tsaya iya gwiwa ya bushe. Tafkin kurmi ya tsage. Mutane suka shiga kurmin neman abin da za su kai baki, daga ganye har saiwa. Ba wanda ya tuna da ludayi. Sheƙar da aka gani da hannu biyu ake kwashe ta, a ɗana wa uwar tarko. Na'Allah yana gani, bai kama kowa ba. Mahaifiyata ta ce wata rana ya tarar da maƙwabcinsa da zabuwa biyu a cikin riga, sai ya yi masa sannu da rana ya wuce. Ya ce ba zai iya kai mai yunwa gaban alƙali saboda tsuntsu ba.

Su Inno ma sun ci nasu zabin, sun sayar da wasu. Amma ta ƙi rabuwa da na ƙarshe, maza biyu da mata kaɗan. Tsaba babu, sai ta koma ciyar da su da gara. Takan cusa busasshen kashin shanu da karmami a tsohuwar tukunya, ta yayyafa ɗan ruwan wanke-wanke, ta kife a kan hanyar gara. Kafin gari ya waye tukunyar ta cika, ta zazzage musu. Da haka suka tsallake.

Ruwa ya dawo, kurmi ya yi kore, tafki ya cika. Amma shiru. Gada babu, birai sun yi gaba, asuba kuma ta daina kuka. Na'Allah ya zagaya damina guda yana duba ƙarƙashin geza bai ga sheƙa ko ɗaya ba. Daga nan ya rage fita. Sai ya sa rigar aikinsa ya zauna a zaure, adda a jingine, har rana ta yi. In Inno ta yi magana ya ce, "Gadin me zan je? Itace ba ya gudu."

Lokacin kuma duniya ta canza. Kuɗin man fetur ya shigo, samari sun tafi Kano leburancin gini suna dawowa da rediyo da agogo, motocin itace na shigowa ƙauyuka suna lodi su kai birni. Mutanen gari suka fara cewa kurmin nan ba komai a cikinsa, gara a sare a sayar wa masu mota, a raba ƙasar a yi gonaki, tunda fari ya nuna wa kowa abinci ne gaba. Maganar ta kai ga dagaci.

Dagacinmu a lokacin Daudu ne, ɗan kawun Inno, wato taubashinta. Tun suna yara suke wasan taubasai, sarauta kuma ba ta hana ba. Mutumin kirki ne, shi ma ya binne mutane a farin nan, ba don mugunta yake sauraron masu son gona ba. Gab da faɗuwar ruwa ya zo gidan da kansa, ya zauna a zaure, ya gaya wa Na'Allah cewa bayan kaka zai kai maganar gaban hakimi, a roƙi hukuma ta saki kurmin. Na'Allah ya sunkuyar da kai ya ce, "Yadda ka gani, ranka ya daɗe."

Inno tana bayan zana tana ji. Sai ta yi gyaran murya ta shigo, ta durƙusa.

"Ranka ya daɗe, barka da zuwa. An ce za ka ci kurmi. Ashe tumbin nan bai cika ba har yanzu?"

"Baiwata, wa ya kira ki cikin maganar maza? Je ki kawo wa ubangidanki ruwa."

"Ubangidan da bai taɓa ɗinka mini ko kallabi ba. Ni tambaya ce da ni. Me ya sa za a sare?"

Daudu ya daina dariya. Ya ce, "Hafsatu, don namun daji aka tsare shi. Namun sun ƙare. Mutane na kallon ƙasa mai kyau a kwance, 'ya'yansu na kuka. Me zan ce musu?"

"In akwai zabi a ciki fa?"

"In akwai zabin daji, sai in ce musu amana ce tana nan da ranta, a yi haƙuri. Amma kada ki yi mini wayo. Na san kina da na gida. Zabon da za a kaɗa masa ƙwarya ya taho a guje ba na daji ba ne, kaza ce mai zane."

"To ka bar ni zuwa kaka."

"Na bar ki. In babu, ke za ki fara kai gatari."

Washegari Inno ta ɗaure zabinta ta zuba a kwando, ta ɗauka har bakin tafkin kurmi, ta kwance su. Ta yi musu jawabi da Fillanci, ta ce nan ne gidan kakanninku, ku zauna. Sannan ta biya ta gidan wata ƙawarta ta sha ruwa. Ko da ta iso gida sai ta tarar da su a tsakar gida suna jiran ta, har sun hau kan turmi. Ta sake kai su, suka sake riga ta dawowa. Garin ya samu abin dariya. Daudu ya aiko a tambaye ta ko zabin ne suke raka ta kurmi su dawo da ita. Mata a bakin rijiya suna cewa Inno ta kai 'ya'yanta gidan miji sun yi yaji.

Ba ta kula su ba, amma ta gane abu ɗaya: waɗannan manyan ba za su taɓa zama na daji ba. Kaza ce ta raine su, a gindin murhu suka girma, muryarta suka sani. Sai dai 'ya'yansu, in a kurmi aka ƙyanƙyashe su, kuma zabuwa ce ta raine su ba kaza ba. Ma'ana ta bar ƙwan damina guda cur ba ta taɓa ba, ta kuma bar wa zabuwa aikin da duk macen garin ta san ba ta iya shi ba.

Da ruwa ya zauna zabin suka fara ƙwai a gindin dangar gidan. Inno ta ɗebe su da ludayinta, wannan karon ba ɗaki ta nufa ba, kurmi ta nufa. Ta share ɗan gurbi ƙarƙashin geza kusa da tafki ta jera su, don zabuwa inda ta ga ƙwai nan take ƙarawa. Ta toshe gindin dangar da ƙaya. Ta ɗauke tukunyar gara daga gida ta kai kusa da gurbin. A gida kuwa ta hana su ko ƙwayar dawa, in sun shigo ta kore su da zani. Mahaifiyata ta ce tana korar su tana share ido. Yunwa ta koya musu hanya. Suka koma wuni a kurmi, ba da daɗewa ba ƙwan gurbin ya fara ƙaruwa.

Sai wata safiya ta je ta tarar da ɓawo a warwatse. Wani abu ya shanye ƙwan tas. Ta dawo ta zauna a bakin ƙofar ɗaki ba ta ko sauke ƙwarya ba. Na'Allah ya leƙo daga zaure.

"Lafiya?"

"An cinye."

"Mutum?"

"Ina na sani? Ga dai wani jan layi a ƙasa, kamar an ja igiya."

Na'Allah ya miƙe. Rabon da ya miƙe da sauri haka an daɗe. Ya ɗauki adda ya fita, bai dawo ba sai azahar, fuskarsa a sake.

"Guza ne, Hafsatu. Babba. Na ga sawunsa har ramin. Ashe akwai guza a kurmin nan har yanzu!"

"Malam, ƙwaina aka cinye kake murna?"

"Ba murna nake ba."

"Ga haƙoranka a waje."

Ya rufe baki, amma tun daga ranar bai ƙara wuni a zaure ba. Shi ya zaɓi wurin gurbi na biyu, can kan ɗan tudu nesa da ramin guzan, ya kewaye shi da ƙayar farar ƙaya ya bar 'yar kafa daidai jikin zabuwa. Kullum yana zagayawa daga nesa, yana korar awakin da ke kutsawa. Wata zabuwa mai ɗan ɗingishi, wadda Inno ta fi raina wa hankali a cikinsu, ita ce ta kwanta a kan ƙwan. Ta daina zuwa gida sam.

Ta ƙyanƙyashe cikin marka, lokacin da ruwa ke wuni yana zuba. Kuma ta yi abin da aka san za ta yi. Gari na wayewa ta ja 'yan tsakin cikin ciyawa jiƙe sharkaf, tana gaba suna bin ta da kyar. Inno ta bi sawunsu ta fara tarar da waɗanda suka gaza, ɗaya nan, ɗaya can. Sai ta iske guda uku a gindin sabara, da ransu, sun jiƙe suna rawar sanyi, ko kuka ba sa iyawa.

Shekara da shekaru in Inno ta ga ɗan tsako a haka, cikin zaninta take sa shi, ta kai gindin murhu, kafin a sauke koko ya farfaɗo. Hannunta har ya tafi. Na'Allah yana tsaye bayanta, bai hana ta ba, sai ya ce a hankali, "In kika ɗauka, naki ne har abada."

Ta tsuguna a wurin ta daɗe. Sannan ta karyo reshen sabara, ta kakkaɓe raɓar ciyawar da ke kewaye da su, ta buɗa wa rana hanya, ta ja da baya can nesa inda uwar ba za ta gan ta ba. Zabuwar ta yi ta kiransu daga cikin geza. Biyu suka miƙe suka tafi. Ɗayan bai tashi ba.

Daga ranar Inno ta hana kanta shiga kurmin. Ta ce in tana gani ba za ta iya ba. Na'Allah ne ke kawo labari, shi ma ba kullum yake ganinsu ba. Wata rana ya ce shirwa ta ɗauki ɗaya. Wata rana ya ce wata zabuwar ma ta fito da nata daga wani gurbi da ba su san da shi ba. Daga baya sai ya ce sawu kawai yake gani a bakin tafki, su kansu sun daina bari a gan su. Inno ta ce ko dai sun mutu ne yake ɓoye mata. Ya ce matacce ba ya barin sawu da safe.

Da aka gama yankan gero Daudu ya aiko cewa lokaci ya yi. Suka ɗunguma da hantsi, shi da dattawan gari kaɗan da masu son gona, Na'Allah a gaba. Daudu ya sa Inno ta taho da ƙwaryarta da tsaba a ciki.

"Baiwata, yau ko dai ki ci, ko ki ɗau gatari. Na sa an wasa miki ɗaya."

"Ka dai yi a hankali, ranka ya daɗe, kada ƙaya ta kama babbar rigar nan a ga abin da ke ciki."

Suka tsaya nesa da tafki, bayan wata kanya. Aka jima ba komai sai kurciya. Wasu har sun fara gunaguni. Can sai Na'Allah ya ɗaga hannu. Daga cikin geza suka fito, ɗaya bayan ɗaya, matasan zabi sun fi goma, sirara, wuyansu a miƙe, zabuwa mai ɗingishi a tsakiyarsu.

Daudu ya ce, "To, kira su."

Inno ta fito fili. Ta kaɗa ƙwarya, tsabar ta yi ƙara, ta yi kiran da ta saba yi kowace yamma tun tana amarya. Tsohuwar zabuwar ta ɗago kai, ta yi taku biyu zuwa wajenta. Amma matasan ba su jira ba. Ɗaya ya yi ƙara, sai gaba ɗaya suka tashi fir, suka tsallake tafkin suka faɗa cikin itatuwan marke. Uwar ta tsaya tana duban Inno, tana duban inda suka bi, sannan ta juya ta bi 'ya'yanta da ɗingishinta.

Wani dattijo ya ce, "Wallahi na daji ne." Daudu ya gyara rawani ya juya wajen masu son gona, ya ce sun gani da idonsu, ba zai kai maganar gaban hakimi ba. Ya ce akwai saurar da ke gabas da gari wadda aka bari tun fari, a je a duba ta a raba. Ba kowa ya ji daɗi ba, akwai wanda ya yi shekara ba ya gaida Na'Allah. Amma ba a sa wa kurmin gatari ba.

A hanyar komawa Daudu ya lura Inno ta ɗaure fuska.

"Ke da kika ci, me ya same ki kuma?"

"Ko waiwayowa ba su yi ba," in ji ta. "Ni da na ciyar da uwarsu da gara."

"Ai abin da kika nema ke nan."

"Na sani. Ka bar ni in ji haushina."

Na'Allah ya ci gaba da gadi har ƙafa ta gaza masa. Makwarwa ta yawaita, yanyawa ta dawo raminta, bayan wasu shekaru ya zo gida yana rantsuwa ya ga sawun gada, ko da yake ba wanda ya gan ta sai shi. Birai dai ba su dawo ba. Inno ta sayo zabin kasuwa masu farin ƙirji ta ci gaba da kiwonta da su, tana mitar cewa ba su da wayo. Da ta tsufa sosai, in an idar da sallar asuba takan sa a fito mata da tabarma ƙofar ɗaki ta fuskanci yamma. In kukan ya taso daga tsakanin duwatsun, sai ta ce wa duk wanda ke kusa ya yi shiru, jikokinta ne ke magana, ko da yake ba su san ta ba.